Usur ɗin da Abdulwahab Ya So a Kashe

Assalamu alaikum masu bibiyata. Yau ku yafe min doguwar gaisuwa, don har yanzu raina tafasa yake. Ke kuma baiwar Allah da kika rubuto min wancan makon kina cewa "Khairiyya ki yi haƙuri, maza duk haka suke," matso kusa, da ke nake.

Ga waɗanda yau suka fara shigowa, sunana Khairiyya, ɗiyar Malam Almu, ina koyar da Turanci a makarantar 'yan mata ta ƙauyenmu, nan gefen garin Hasahisa, inda Hausarmu ta gauraya da Larabci. Akwai mai nemana, Abdulwahab. Juma'ar nan da ta wuce aka sa danginsa za su zo gaulat khair, wato zuwan da ake yi a tsayar da magana, daga shi sai sa rana. Baba ya ce ba zai amsa musu ba sai ya ji daga bakina. Inna kuwa tun bara ta amsa a zuciyarta, har ta fara tara itacen turare a ƙarƙashin gado.

Ba zan yi muku ƙarya ba, ina son sa. Dogo ne, jallabiyarsa kullum fara tas kamar ba a ƙasar laka yake takawa ba, in ya wuce ƙamshinsa sai ya daɗe bai bar lungu ba. Ya yi zaman Jidda, ya dawo da abu biyu: dabarar noman albasa da na'urar wasa irin wadda ake haɗawa da talabijin. Samarin ƙauyen nan duk ƙwallon ƙafa suke bugawa a cikinta, shi kuwa ya ce wannan wasan kowa da kowa ne, nasa ƙwallon kwando ne. Kullum bayan la'asar yana ƙarƙashin rumfa a gefen shagon babansa, yana karawa da kwamfuta, ana kewaye da shi ana tafi.

Wata rana ina gyara littattafan ɗalibai sai saƙonsa ya shigo.

"Ya ustaza, kef, kina lahiya? Duba min wanga Turanci, kaina ya ɗaure."

Ya turo hoton allon talabijin, layuka reras, kowane layi da ɗan ƙulli a tsakiya wanda ake ja dama ko hagu.

"Mi ya faru?" na tambaye shi.

"Kwamfuta ta raina ni. Duk sadda nike gaba, saura kaɗan a tashi, sai 'yan wasanta su kama rungume ni kamar na dawo daga hajji."

Na yi dariya har da riƙe ciki. Na zauna na karanta abin da kyau, sannan na yi masa bayani. Dabara ce ta wasan: in an fi ka ci kuma lokaci na ƙurewa, sai ka yi wa abokin karawa keta da gangan don agogo ya tsaya. Alƙali ya busa, a ba wanda aka yi wa ketar jifa, ba mai tare shi.

"To ai ba a cuce ka ba," na rubuta masa. "An ba ka jifa."

"Ba ni son jifar. Ba ni son a taɓa ni, khalas, shi ke nan."

A lokacin wallahi burge ni ma ya yi, na ɗauka shagwaɓa ce irin ta masoya. Na nuna masa layin da ke kula da ketar 'yan kwamfuta, na ce ya ja ƙullin hagu har ƙarshe. Bayan ɗan lokaci ya turo min zukata jajaye cike da allo, da bidiyon ɗan wasansa yana ratsa fili da ƙwallo, 'yan kwamfuta sun yi cirko-cirko suna kallon sa kamar ɗalibaina a layin safe. Ina murmushi sai wani saƙon ya biyo baya.

"Saura guda. In ni na ture su, hakam, alƙalin wasan nan, shina busa min usur. Ina layin da ake rufe mai baki?"

Na rubuta masa:

"Su ba su taɓa ka, kai kana ture su, kuma ba a busawa. To wannan wasa ne?"

"Wasa mai daɗi ma kuwa!"

Hotunan da ya turo na wancan shafin duk sun yi dishi-dishi, ban iya karantawa ba. Ya ce ba komai, ranar Alhamis zai kawo na'urar gidanmu in gyara da hannuna, ta kwana, Juma'a ya nuna wa manya abin da ya iya. Na ce to, na ajiye wayar na manta.

Ranar Asabar ba makaranta, sai na ɗauki karin kumallon Baba na kai masa hawasha, wato gonar da yake nomawa a cikin filayen ban ruwa. Gonarmu da ta su Abdulwahab magudana ɗaya suke sha, tasu tana sama, tamu tana ƙasa, kuma kowa da ranar ruwansa. Tun kakanni haka ake yi. Damina ta ɗauke, gyaɗar Baba tana buƙatar shan ƙarshe kafin ta nuna.

Tun daga nesa na hango gonar. Ganyen gyaɗar duk ya naɗe, ƙasa ta tsattsage har kana iya zura hannu. Baba na zaune a gindin bagaruwa, fartanyarsa a gefe ko laka babu a bakinta.

"Baba, ba jiya ce ranar ruwanka ba?"

"Jiya ce."

"To mi ya hana shi isowa?"

Da haɓa ya nuna min sama. Na ɗaga kai, sai ga magudanar an datse ta da laka da tsofaffin buhuna daidai bakin gonar su Abdulwahab. Albasarsa na iyo a ruwa, tana sheƙi.

"Yau anka fara?"

"A'a, ɗiyata. Ba yau anka fara ba."

"Ka gaya wa khafir?"

Khafir shi ne mai gadin ruwa, aikinsa ke nan ya hana irin wannan. Namu sunansa Gado, kuma ƙanen baban Abdulwahab ne.

"Gado ya gani," in ji Baba. "Ya wuce bisa jakinai, ya yi min sallama, na amsa."

"Kai kuma ka yi shiru?"

Ya buɗe kwanon abinci, ya rufe, bai ci ba.

"Yaron da zai zama ɗana, in kai ƙararshi kan ruwa? A ce Almu ya ɓata auren ɗiyarshi saboda gyaɗa? Na ga kina son shi."

Jama'a, kun ji? Ashe saboda ni Baba yake zaune yana kallon noman shekararsa na ƙonewa. Na ji kunya da baƙin ciki a haɗe. Ban san sadda na kama hanyar saman magudanar ba. Abdulwahab na tsaye a kan gaɓa da abokansa, ya tattare jallabiya da yatsu biyu kada ta taɓa laka.

"Abdulwahab, ruwan Baba ne wanga."

Ya yi murmushin nan nasa.

"Ma'alesh, yi haƙuri ya ustaza. Albasa jaririya ce, ba ta jure ƙishirwa. Ai duk gida guda munka zama."

"In gida guda ne, mi ya sa kullum ɗakinka ruwan ke shiga?"

Abokansa suka fashe da dariya. Shi bai yi ba. Fuskarsa ta canja, ya juya min baya ya ci gaba da hirarsa kamar iska ce ta wuce. Datsin kuwa ko buhu ɗaya bai ɗaga ba.

Litinin da yamma sai ga mahaifiyarsa, Hajja Ramatu, a gidanmu, ta sha wani tob, babban mayafin nan da muke naɗawa, mai ruwan goro, zinare har gwiwar hannu. Inna ta rikice, ta shimfiɗa sabon zanen gado, ta soya gahawa, ta kunna turare. Ina ɗakina amma ƙofar a buɗe take, kuma na san da gangan Hajja ta ɗaga murya.

"Indo, ɗiyarki ba ta da aibu. Ga ilimi, ga kyau. Sai dai bakin nan, a ɗan rage mai. Ɗana ba ya son gardama. Tun shina yaro ba mu bari a taɓa shi."

"In sha Allahu, Hajja, za a gyara."

Za a gyara! Ina zaune sai hoton allon nan ya faɗo min a rai, layuka da ƙulli a tsakiya. Ashe ni ma layi ce. An zo a ja ƙullina hagu har ƙarshe, in tsaya hannu a baya ina kallo yana wucewa. Maganar ruwa kuwa ko da wasa ba ta fito daga bakin Hajja ba.

Tana fita Inna ta faɗo ɗakin.

"Ya bitti, ɗiyata, ki rufa min asiri! Wace ɗiya ce ke tsayawa bakin magudana tana ba mijinta amsa gaban maza?"

"Inna, bai zama mijina ba tukuna. Kuma gyaɗar Baba..."

"Gyaɗa ana shuka wata baɗi. Miji irin wanga ba a shuka shi."

Na ƙyale ta, ba don na yarda ba. Inna ba muguwa ba ce, tsoro take ji. Ta ga 'yan matan da muka taso tare duk sun yi aure, kuma kowace suna ko biki sai an tambaye ta ni.

Alhamis ya aiko da na'urar a cikin jakarta, da saƙo a waya: "Kar ki manta da usur ɗin, ya gamar." Wai ni ce farin wata. Ko kalma ɗaya babu a kan abin da ya faru a gona.

Na haɗa ta da talabijin ɗin da ke diwan, ɗakin baƙin Baba, na buɗe shafin. Sai na gan shi ɓaro-ɓaro, gida biyu gefe da gefe: na 'yan kwamfuta da na mai riƙe da hannun wasa. Nasu ya riga ya kwashe musu komai, ba keta kaɗai ba, har gudu da tsalle ya rage musu, abin da ni ban koya masa ba. Layin usur ɗinsa kuwa ga shi nan, ja ɗaya ya rage. A can ƙasa akwai wani ɗan rubutu da ke cewa a mayar da komai yadda ya zo. Shi na danna. Allah ne shaidata, ban ƙara masa wahala ko ta ƙwayar gero ba, yadda masu abin suka ƙera shi haka na bar shi.

Kuma ga abin da ban gaya wa kowa ba sai ku. Har a lokacin ina son sa. Na ce a raina, in aka busa masa usur gobe ya yi dariya, ya ce "kin kama ni ya ustaza," to wallahi zan ce na yarda, maganar ruwa kuma mu gyara ta a hankali. Abin da nake roƙo ke nan, dariya ɗaya.

Juma'a bayan an sauko daga masallaci gida ya cika. Na sa tob ɗina ruwan zuma wanda na ɓoye tun sallah, lalle ya kama baƙi ƙirin a yatsuna, Inna ta turara ni har ina tari. Mata suna tsakar gida a kan gadaje, maza suna diwan: Baba, baban Abdulwahab, Gado mai gadin ruwa, da wasu dattawa. Ana jiran Alhaji Abdussalami, babban yayan su baban Abdulwahab wanda zai yi magana, motarsa ta makara daga Hasahisa. Shiru ya fara yawa, sai Abdulwahab ya miƙe.

"Kafin Alhaji ya iso, bari in nuna muku wani abu."

Daidai lokacin Inna ta miƙo min tiren shayi. A al'ada in ajiye a bakin ƙofa in juya. Na shiga na durƙusa ina zubawa a hankali, kofi ɗaya bayan ɗaya, kamar wadda ba ta taɓa zuba shayi ba.

Aka fara. Ɗan wasansa ya nufi na kwamfuta ya bangaje shi ya wafce ƙwallo, yadda ya saba.

Fiiit!

Abdulwahab ya ɗan zabura. Ya ce kuskure ne. Ya sake kai hari, ya sake bangaza.

Fiiit!

'Yan kwamfutar nan da suke tsayawa kamar gumaka yau sun farka, suna gudu, suna tsalle, suna tare shi. Shi kuwa hannunsa ya riga ya saba da ture, ya kasa dainawa. Usur kan usur, har aka kori babban ɗan wasansa aka zaunar da shi a benci. Gumi ya jiƙa wuyan farar jallabiya. Ina satar kallon bakinsa ina jiran dariyar nan, ba ta zo ba.

Baba, wanda a rayuwarsa bai taɓa kallon irin wannan ba, ya sunkuyo.

"Ɗiyata, wanga mai riga zane-zane, mi shike ta busawa?"

"Alƙali ne, Baba. In ka ture mutum ka ƙwace abin da ke hannunshi, sai ya busa."

"Ko da akwatin naka ne?"

"Ko da naka ne."

"Ko da kai da shi kun san juna?"

"Bai san kowa ba, Baba."

"Ikon Allah," in ji Baba a hankali. Ya juya ya kalli Gado. Gado ya sunkuyar da kai yana leƙen cikin kofinsa kamar wani abu ya faɗa ciki.

Da ƙyar Abdulwahab ya ɗan wuce gaba dab da tashi. Sai 'yan kwamfuta suka fara abin nan nasu, suna kama shi da gangan. Aka busa, aka ba shi jifa, ba mai tare shi, daga shi sai kwando. Amma yaushe ya taɓa koyon jifar? Ya jefa ta farko ta daki ƙarfen kwandon. Ya jefa ta biyu ko ƙarfen ba ta taɓa ba. Suka ɗauke ƙwallo suka zura, wasa ya tashi.

Wani dattijo ya yi 'yar dariya, ta tausayi ma. Ai kuwa sai Abdulwahab ya yi wurgi da hannun wasan. Ya daki tiren da ke gabana, kofuna suka tarwatse, shayi mai zafi ya wanke min gaban tob.

"Wa ya taɓa min saiti?"

"Ni."

"Na ce ki kashe, ke kuma kinka kunna?"

"Yadda ya zo na mayar da shi."

"Tun ba ki shigo gidana ba? Haka za ki riƙa yi min?"

Bai tambaya ko na ƙone ba. A gaban ubana, a ɗakin ubana, ina durƙushe cikin fasassun kofuna, abin da ya dame shi saitinsa ne. Mata sun ji ƙara sun taru a bakin ƙofa, Hajja Ramatu a gaba, Inna a bayanta ta dafe ƙirji.

Baba ya miƙe. Ban taɓa ganin ya miƙe a gaban baƙi haka ba. Ya cire rawaninsa ya ninke ya ajiye a kan gado, ya zura hannu bayan ƙofa ya ɗauko fartanya.

"Malam Almu, ina zuwa?" in ji baban Abdulwahab. "Alhaji na bisa hanya!"

"Za ni buɗe ruwana. Gado, taso mu tahi, aikinka ne."

Gado ya kalli yayansa, ya kalli Baba, ya ajiye kofi ya nemi takalmansa.

"To amsar da munka zo ji fa?" in ji baban Abdulwahab.

Baba ya tsaya a bakin ƙofa.

"Ga mai ita nan da shayi a jiki. Ku tambaye ta."

Ido duk ya dawo kaina. Inna na girgiza min kai, hawaye na zuba. Na kalli Abdulwahab na ƙarshe, ko zai ce min sannu. Yana duba hannun wasansa ne ko ya fashe.

"Ban yarda ba," na ce.

Kowa ya ji. Kafin motar Alhaji Abdussalami ta iso, gidan ya watse.

Kada ku ɗauka na fito ina rawa. Na shiga ɗaki na yi kuka har kaina ya yi ciwo, don mutum ba ya cire so kamar yadda yake cire tob. Inna ta shige kicin tana ta buga tukwane, ko kallona ba ta yi. Ina kwance, rana ta yi sanyi, sai wayata ta yi ƙara. Shi ne.

"Ki mayar min da saitina, ki je ki ba Hajja haƙuri, ni kuma in manta da komai."

Shi zai manta! Na karanta har sau ba adadi, kukan ya tsaya cak. Na fara rubuta amsa mai tsawo na goge. Na sake farawa na goge. Sai idona ya faɗa kan ƙusar da ke bango, inda nake rataye usur ɗin da nake tara ɗalibai da shi kowace safiya. Na ɗauko shi, na danna wurin ɗaukar murya, na cika ƙirjina da iska, na busa da duk ƙarfina. Kaji suka watse a tsakar gida. Na tura masa.

"La ilaha illallahu!" Inna ta ƙwala daga kicin. "Wa ke busa min usur cikin gida?"

Baba ya riga ya dawo, yana zaune a bakin randa yana wanke lakar da ta kai masa har gwiwa. Ko ɗagowa bai yi ba.

"Ƙyale ta, Indo. An daɗe ba a busa ba."

Na duba wayar. Alamun nan biyu sun koma shuɗi, ya saurara. A sama an nuna yana rubutu, ya tsaya, ya sake farawa. Na'urarsa kuwa tana nan a diwan ɗinmu, kuma dole wani ya zo ɗauka.